Kwalba Shida na Gwaggo Indo

Ni dai ban yi juyin mulki ba. Ban rufe boda ba, ban yanke wa kowa wuta ba, ko rediyon da aka faɗi abin a ciki ma ba nawa ba ne, na Baba ne. Ina zaman zamana a rumfar cajin waya a ƙauyenmu, nan gefen Makoɗa, janareto yana ta kukansa, ni ina ta tsokanar masu wucewa, sai kawai aka wayi gari wai ni ne jakadan gidanmu zuwa Nijar.

Sojoji ne suka karɓe mulki a can. Manyan ƙasashen yankin nan suka yi fushi, suka ce sun sa musu takunkumi. Aka garƙame boda, aka yanke wutar da take zuwar musu daga wajenmu. Wannan ta wutar ita ta fi ba ni dariya, don mu a garinmu rabonmu da ganin ƙwan lantarki ya kama tun ina firamare. Ashe har muna da wadda za mu hana wani.

Dariyar ba ta yi kwana ashirin ba ta koma ciki. Gwaggo Indo, ƙanwar Baba, aure ya kai ta wani ƙauye gaba da Magarya tun ba a haife ni ba, kuma tana da ciwon suga, irin wanda kullum sai an yi allura. Mijinta Malam Ila ya bugo waya ya ce maganin ya ƙare a duk kantunan da ya sani, motocin da suke kawowa suna tsaye a boda, Gwaggo kuma ta fara zubewa. Baba ya yi yadda ya yi aka samo kwalba shida a Kano. Saura mai kaiwa. Yaya Sani yana tsakiyar maimai, ba ya barin gona. Ni kuwa, in ji Baba, ba abin da nake nomawa sai surutu.

“Tunda Lauya abokanka suke ce maka,” ya ce, “je ka yi lauyancin a inda zai yi amfani.”

Mai kemis ɗin da ya sayar mana ya nannaɗe kwalaben a tsumma, ya jera su a filas ɗin abincin Inna, ya sa ƙanƙara a gefe. Ya yi ta bayani, rabi Hausa rabi Turanci, ni kuma ina gyaɗa kai kamar ƙadangare don kar a gane a aji uku na sakandare na yi sallama da malamai. Abu ɗaya na riƙe: kar maganin nan ya ji zafi.

A Babban Mutum, garin boda na Jihar Jigawa, na fara gane abin ba wasa ba ne. Tireloli ne jere tun daga nesa, ka rantse wani sabon gari aka kafa. Direbobi sun ɗaura igiyar shanya daga mota zuwa mota. Akwai wani mai siminti, ruwan sama ya shiga ta tamfol, kayan sun daskare, ya ce shi yanzu ba kaya ya ɗauko ba, gini ya ɗauko. Na kusa da shi masara ce, ta jiƙe ta tsiro ta cikin buhuna, kore shar, awakin garin suna miƙe wuya suna ci. In iska ta juyo daga arewa kuma, warin ruɓaɓɓiyar albasa ne daga motocin da suka maƙale a wancan ɓangaren. Na tambayi mai masarar wa aka hukunta ke nan, mu ko su. Ya ce in na gano in dawo in faɗa masa.

Ban gama tsayuwa ba wani ɗan acaɓa ya sha gabana, da baƙin gilashi da murmushi kamar ya sanni. Ya ce shi ne sarkin ɓarauniyar hanya, ko aljani bai fi shi sanin dajin nan ba. Ya faɗi kuɗin da ya kusa sa ni zama a ƙasa. Na yi masa lauyanci, ya rage, na ji daɗi na ce na ci Bajigawe. Muka shiga gonakin gero, geron ya fi ƙarfin kai, ba ka ganin gabas ba ka ganin yamma. Muka yi ta gudu, muka yi ta kwana, ina rungume da filas kamar jariri. Can ya tsaya a gindin wata kuka, ya rage murya ya ce in sauka da bismilla, Nijar ke nan, shi ba ya wuce nan saboda sojoji.

Na gyara hula na kama tafiya. Har ina jin iskar ta canja. Na tarar da wata tsohuwa tana yanka wa awaki ciyawa, na ce bari in gwada gaisuwar Faransancin da direbobi suka koya min, na ce mata bonju. Ta dube ni daga sama har ƙasa.

“Ɗan nan, lafiyarka kuwa?”

Na ce hanyar Magarya nake nema. Ta ce to ai sai in fara zuwa boda tukuna. Ta nuna min ƙarfen sabis da lauje, ta ce wancan na Babban Mutum ne, in na yi sauri zan samu la'asar a masallacin tasha.

Ni, wanda nake sayar wa mutane cajin rabin batir a ce ya cika. Ni aka yi wa haka. Na koma da ƙafa, ina jin ruwa yana ƙulun-ƙulun a cikin filas. Direbobin nan suka yi dariya har mai simintin yana riƙe ciki, daga nan sunana ya koma Ɗan Faransa. Amma wata mai sayar da zoɓo da ta ji abin da ke cikin filas ɗin, sai ta buɗe kularta ta ciro guntun ƙanƙarar da ta rage mata ta miƙo min. Na zaro kuɗi, ta ce in mayar, ita ma an yi wa babarta irin allurar nan har Allah ya karɓi abarsa. Zoɓonta da ɗumi ta sayar da shi ranar.

Da safe mai masara ya haɗa ni da Baba Mutari, wani tsoho mai jakuna bakwai, yana ƙetarar da buhunan hatsi ta cikin gonaki da rana tsaka, ba ɓoyo ba komai. Kowane jaki an ɗaura masa takunkumin kaba a baki don kar ya yi wa mutane ɓarna a gero. Na ce Baba, ashe abin har kan jakunanku ya kai. Ko murmushi bai yi ba. Ya ce ni da na yi boko in gaya masa, tunda nake na taɓa ganin an ɗaura wa mai jaki takunkumi? Jaki ake ɗaura wa. Mai jaki yana bisa yana tauna goronsa.

Sai da muka yi nisa ya faɗa min gaskiya, wai kafin a rufe boda jakunansa uku ne, yana ɗibar yashi. Yanzu bakwai, kuma har ana yi masa layi. Ya ce in liman ya yi addu'ar Allah ya sa a buɗe, yana cewa amin, amma ba ya ɗaga murya.

Shi ya ce in raba maganin. Akwai shinge a gaba, in aka ƙwace filas kar in je wa matar nan hannu rabbana. Ya ciro kwalba biyu ya ƙulle a leda, ya zura su a gorar ruwansa, irin jarkar nan da ake ɗinke wa buhu a jiki a riƙa jiƙawa, ya rataya min a wuya ya ce ya ba ni har gorar.

Shingen kuwa muka same shi, bayan mun fito kan burji. Wani soja ne, dogo, bai fi sa'an Yaya Sani ba. Ya sa na buɗe filas. Na ce maganin shanu ne. Ya warware tsumman, ya ɗaga kwalba ɗaya yana juya ta. Sannan ya ce shanun namu ciwon suga suke yi? Na ce shanun Kano ai akwai shan rake. Bai yi dariya ba. Ya ce babansa yana can wani gari a arewa, yau kwana goma ba a yi masa allurar ba. Ya tambaye ni, a hankali, ko zan sayar masa da ɗaya.

Bindiga ce a kafaɗarsa. Da ya so, huɗun zai kwashe, ba wanda zai ce masa don me. Na ce masa ba nawa ba ne, amana ce, ƙirgaggu ne. Ya gyaɗa kai, ya mayar da kwalbar da kansa, ya nannaɗe ta yadda ya same ta, ya ce in yi sauri rana tana yi.

Magarya na shiga da yamma a bayan wata akori-kura, tsakanin buhun gawayi da wata akuya da ta ƙi jinina. Ƙanƙarar mai zoɓo ta daɗe da zama ruwa. Na fara bin kantuna ina tambaya. Kowa sai ya nuna min firijinsa, su firigo suke cewa, a buɗe, an mayar da shi ma'ajiyar biskit. Teloli suna zaune a kan benci suna kallon kekunan wuta, mai walda yana barci a kan ƙofar da bai gama ba. Da na buɗe baki suka ji Kananci, shi ke nan, na zama gwamnati. Wai kai ne Bakanon da ya yanke mana kuran, haka suke ce wa wuta. Na ce ni ne, almakashin ma yana aljihuna. Wani mai shayi ya ce in zauna ya ba ni shayi ba sukari, in ji yadda takunkumi yake a baki. Ya kuwa ba ni, da burodi, bai karɓi ko sisi ba, amma sai da ya zagi kakannin Kanawa kaf.

Layina ya daina aiki tun a daji. Ba Baba, ba Inna, ba 'yan rumfa. Wallahi har kukan janaretona na yi kewa, wanda kullum nake tsine masa. Na zauna a kan bencin mai shayi da filas a cinya, na sa yatsa a ruwan ciki na ji ya fara ɗumi, sai na ji duk iskancin da ke bakina ya gudu.

Mai shayin ne ya ce in je wajen Alhaji Lawali, shi kaɗai ne mai sola a unguwar. Na tarar da ƙofar gidansa kamar asibiti: mai kifi, mai madara, mai maganin yara, kowa da ƙullinsa yana roƙon a ajiye masa. Alhaji mutum ne mai faɗa amma ba ya korar kowa. Da ya ji daga inda na taso, ya ce Bakano ya yi abin kirki yau, a rubuta. Ya ce yana da firigo na sanyi kawai, yana da kuma babban, mai daskarar da ruwa, wanne maganin yake so? Ya nuna min takardar da ke jikin kwalbar ya ce shi Faransanci ya ɗan taɓa, ni ne mai Turanci, in karanta.

Mutane wajen goma suna kallona. Na ɗaga kwalba na ƙanƙance ido. Akwai wasu kalmomi uku a ƙasa, idona ya faɗa kan ta ƙarshe, firiz. Na ce ga shi ma sun rubuta, firiza. Na faɗa da ƙarfi, har da nuna wa na kusa da ni da yatsa. Alhaji ya fitar da kifin wani bawan Allah don ya samar wa kwalabena wuri a can ƙasa, inda ya fi sanyi. Ya ba ni tabarma a zaure, ya sa aka kawo min tuwo.

Da safe ya miƙo min su kamar duwatsu, sun yi fari fat, suna hayaƙi. Ya cika min filas da ƙanƙara kyauta. Na yi ta godiya. Har hoto na ɗauka, na ce in na koma sai na nuna wa Baba irin aikin da Lauya ya yi.

Ƙauyen su Gwaggo amalanke ce ta ƙarasa da ni, don ruwa ya cinye hanyar mota. Ban gane ta ba. Matar da in ta zo ganin gida take cika ƙofar ɗakin Inna, ita ce a kan tabarma kamar an shanya zane, ga kofin ruwa a gefe tana ta sha ba ta ƙoshi. Amma bakin yana nan. Ta ce duk gidan Yaya a rasa wanda za a aiko sai wannan mai bakin ganga. Na ce Gwaggo ai sauran masu hankali ne, ba za su zo ba.

Malam Ila ya aika aka kira manjo, wato babban ma'aikacin ɗan asibitin garin. Ya zo da sirinjinsa, na miƙa masa filas ina hura hanci. Ya ciro ɗaya. Ta fara narkewa, wani abu kamar dussa yana yawo a ciki. Ya ɗaga ta a rana, ya ciro ta biyu, ya ciro ta uku. Ya tambaye ni a ina suka kwana. Na faɗa masa, har da hoton.

Bai yi min faɗa ba, da ma ya yi. Ya sa farce a ƙarƙashin kalmomin nan uku ya ce in sake karantawa, tun daga farko. Na karanta. Biyun farkon na san su, wallahi na san su, tun aji ɗaya ake rubuta mana su a bangon makaranta. Kada, suke nufi. Kada a daskarar. Ya ce in ta daskare ta mutu, ko an yi wa mutum ita ruwa aka yi masa, kuma ba za ka sani ba sai ya faɗi. Huɗun duka.

Gwaggo ta ce ba komai, Allah bai nufa ba. Malam Ila ya juya baya yana gyaran wani dangan da ba abin da ya same shi. Ni kuwa sojan nan ne ya tsaya min a ido, yana nannaɗe kwalbar yana mayarwa. Da na ba shi ɗaya, da yanzu wani tsoho a arewa ya samu ta wata guda. Na hana shi, na kai ta firiza da hannuna.

Ƙishirwa ta kama ni, na jawo gorar Baba Mutari da ke wuyana zan sha ruwa, sai na ji abu ya taɓa bakin jarkar. Kwalba biyun nan ne, na manta da su sam. Shi ya sa ban ba Alhaji ba. Na zazzage ruwan a ƙasa, ledar ta faɗo, na kasa kwancewa sai da manjo ya karɓa. Ya ɗaga su a rana, ɗaya bayan ɗaya. Garau. Ya ce waɗannan lafiyarsu ƙalau, wa ya koya min wannan dabarar? Na ce wani farfesa ne mai jakuna bakwai.

A take ya yi mata. Ya ce biyun za su kai ta wajen wata biyu in an yi tattali, daga nan kuma sai abin da Allah ya yi, ko a buɗe boda ko wani ya sake zuwa. Da ya ce wani, kowa ni ya kalla. Ya sa aka haƙa ɗan rami a jiƙaƙƙen yashin da ke gindin randar Gwaggo, a inuwar bedi, wato darbejiya, inda iska take bi, aka sa kwalaben a ƙaramar tukunya aka binne ta zuwa wuya. Ya ce a riƙa yayyafa ruwa, kar a bari yashin ya bushe.

Kwana uku na yi. A rana ta uku Gwaggo ta tashi zaune da kanta ta ci ɗan wake, har tana cewa an cika kanwa. Ni da Malam Ila muna zaune a inuwar bedin nan bayan azahar, ya kunna rediyo, aka fara maganar takunkumi, shi ke nan ya hau. Wai an yi zaton za su durƙusa, ga shi ba su durƙusa ba. Wai yunwa da mutunci ta fi ƙoshi da wulaƙanci, sojojinsu maza ne, ko shekara goma za a yi a rufe su ba su da asara. Ni da nake jin haushin rufewar nan fiye da kowa, sai na ji ba zan bar Badamagare ya ci ni da baki ba. Na ce to in ba a matsa muku ba ta yaya masu bindiga za su sauka? Kowa ya tashi da safe ya ɗauki ƙasa kamar akuyar babansa, a tafa masa? Ya ce ai ga shi an matsa, sun sauka? Na ce da saura, abin a hankali yake ci. Ya ce wa yake ci? Na ce ku. Ya ce albasar wa kuke saya da tsada yanzu, shanun wa suka ɓace a kasuwar Ɗambatta? Na ce wutar wa kuke kuka a kai? Ya miƙe tsaye, ni ma na miƙe, yana nuna kudu da carbi, ina nuna arewa da cokali.

Gwaggo ta ɗaga labule ta leƙo. Ba ta ɗaga murya ba, ba ta da ƙarfin hakan ma.

“Malam, da wanda ya ɗaura takunkumin da wanda aka ce an ɗaura wa, duk na ga hotunansu a wayar yaron nan jiya. Kowa da tumbinsa. A cikin zancen nan naku kaf ni kaɗai ce na rame. Ku matsa daga gindin randata, kun tare wa maganina iska.”